Junaidu Manaja da Wanki Daga Gida

Junaidu mai wanki da guga ne a Runjin Sambo cikin Sakkwato, amma kada ka kuskura ka kira shi haka a gabansa. Manaja yake so a ce. Shagon nasa ɗaki ɗaya ne da rumfar kwano, da baho uku, da tebur, da dutsen guga biyu na gawayi. Ma'aikata uku gare shi. Ƙasimu ne ke wanki, kullum daga Wamakko yake tasowa. Mu'az, wanda ke zaune a Mabera, shi ke sa sitaci ya shanya. Guga kuwa aikin Baba Dodo ne, wani dattijo na Gidan Igwai wanda tun da uwarsa ta haife shi bai iya cewa a'a ba. Shi Junaidu aikinsa zama a kujerar roba da biro uku a aljihu, yana koya wa masu wucewa yadda ake kasuwanci a ƙasashen da bai taɓa zuwa ba.

Shago na tafiya daidai, kuma da haka zai ci gaba da tafiya in da Muhsina ba ta zo gidansa wata ranar Talata ba.

Muhsina ƙanwar matarsa Kaltume ce, tana aiki a wata ƙungiya mai kula da lafiyar mata. Junaidu ya dawo cin abincin rana ya tarar da ita zaune a kan tabarma a gindin dogon yaro, kwamfuta a cinya, tana magana da wasu ƙananan fuskoki.

Ya jira ta gama, sannan ya ce, "Muhsina, korar ki anka yi?"

"A'a Yaya, aiki nika yi."

"A tsakar gidana?"

Ta yi dariya ta bayyana masa cewa tsarin ofishinsu ke nan yanzu. Kwana biyu a ofis, kwana uku a gida. Ta ce ana kiransa haibirid.

Junaidu ya ajiye cokali. "Ruwan da kika sha a gida, wa ka saye?"

"Ni."

"Wuta hwa?"

"Ni."

"Kuma aikin na tahiya?"

"Har ya hi da."

Junaidu ya ɗaga kai yana kallon ganyen dogon yaro kamar mai ganin wata. Kaltume ta san wannan kallon, don ta gan shi lokacin kiwon zomo, ta kuma gan shi lokacin injin ƙanƙara. Ta ce, "Baban Nabila, ita rubutu taka yi. Rubutu na bin iska ya isa inda anka aike shi. Riga ba ta bin iska sai in ɓacewa za ta yi."

"Ke tsaya ga tukunya," in ji Junaidu. "Kasuwanci ba miya ba na."

Washegari ya tara ma'aikatansa a ƙarƙashin rumfa, ya hau kan bahon da aka kife, ya ɗaga murya yadda maƙwabta za su ji. Ya ce daga yau kamfaninsa ya shiga sahun manyan kamfanonin duniya. Litinin da Alhamis kowa ya zo shago. Sauran kwanaki kowa ya yi aiki daga gidansa. Ƙasimu ya wanke a Wamakko, keke mai ƙafa uku ya kwaso ya kai wa Mu'az a Mabera ya sa sitaci, keke ya sake kwasowa ya kai wa Baba Dodo a Gidan Igwai ya goge. Ba sayen ruwa, ba sayen gawayi, ba hayaniya a kunnen Manaja. Sunan tsarin, a yadda ya fito daga bakinsa, haibiri.

Auwalu mai aski, wanda shagonsa ke manne da na Junaidu, ya leƙo da almakashi a hannu. "Wane biri?"

"Haibiri. Turanci na, ba na masu aski ba."

"To ni dai na ji biri, kuma na ga wanda ya hau baho." Auwalu ya ci gaba da askinsa, sannan ya sake leƙowa. "Riga guda za ta je Wamakko, ta je Mabera, ta je Gidan Igwai. Ni da nika da ƙahwa ban yi wanga yawo ba a shekara."

Junaidu bai kula shi ba. Ya kuma soke tsohuwar al'adar rubuta sunan mai kaya a cikin wuyan riga, ya ce wannan aikin mutanen da ne. Daga yanzu hoton kowace riga zai ɗauka da wayarsa tare da mai ita. Sannan kowace safiya da ƙarfe tara za a yi taro ta waya, fuska da fuska, kowa ya ba da rahoto.

Ranar taron farko ya sa Kaltume ta rataya sabon zanin gado a bayansa don wurin ya yi kama da ofis. Ya kafa hula, ya sa tabarau, ya buga.

Ƙasimu ne ya fara bayyana, gumi na zuba, sararin sama a bayansa.

"Ƙasimu, rahoton wanki."

"Ga ni bisa wanki, Manaja."

"Mi na na a kahwaɗarka?"

"Sabulu."

"Sabulu mai ƙota?"

Ƙasimu ya saki fartanyar ta faɗi cikin shinkafa. "Sabis na, Manaja. Nan Wamakko shina canza kamannin abu."

Mu'az ya bayyana da jariri a kafaɗa. Bai kai ga buɗe baki ba aka ji muryar matarsa Sadiyatu daga bayansa tana cewa in ya gama da mutanensa na waya ga niƙa nan na jira, kuma ya biya ya sayo daddawa.

Baba Dodo wayarsa ba ta hoto, ta matarsa Tani ya ara. Abin da ya cika allon wani abu ne baƙi mai lanƙwasa da furfura a gefe.

"Baba Dodo, kunnenka muka gani."

"To ai da shi nika ji, Manaja."

"Kawo wayar gaban huskarka."

"In na kawo ta gaban huska, da mi zan ji?"

Tani ta karɓi wayarta don ta gyara masa, sai ta hango Kaltume tana wucewa da tsintsiya a bayan zanin gado. Nan aka shiga gaisuwa. Ina gajiya, ina yara, ina labarin mai ciwon ƙafa, an ji wance ta haihu. Sadiyatu ta ji muryoyin mata ta karɓe wayar Mu'az ita ma. Junaidu na ta buga biro a tebur yana cewa a koma kan ajanda har datarsa ta ƙare.

Ya fito shago ya gaya wa Auwalu cewa taro ya yi armashi, har an samu ƙarin mahalarta.

Kayan farko suka dawo ranar Alhamis. Ƙasimu bai ga dalilin jan ruwan rijiya ba ga gulbi a bayan gonarsa, kuma damina ce, ruwan ya yi jajir. Duk farin da ya tafi Wamakko ya dawo da launin kunun gyaɗa. Wani hedimasta ya ɗaga kaftaninsa yana juyawa.

"Manaja, hwari na kawo."

"Ranka shi daɗe, hwari ya wuce yayi. Wanga launi shi ka tashe a Dubai."

"To ina wandon?"

Wandon gulbi ya ƙwace daga hannun Ƙasimu tun ranar Talata, lokacin da ya juya korar tsuntsaye daga shinkafa. Junaidu ya duba wayarsa, ya shafa, ya ƙara shafawa. "Tsarinmu ya nuna wandonka na kan hanya."

"Awo, shina kan hanya," in ji Auwalu daga shagonsa. "I yanzu ya kusa Argungu."

Mako na biyu matsalar ta koma Mabera. Sadiyatu koko take sayarwa da safe, kuma robar da take damawa irin wadda Mu'az ke dama sitaci ce, launi ɗaya, girma ɗaya, don tare aka saye su. Wata safiya Mu'az na goye da jariri, yana kaɗa wa awaki dusa da hannu ɗaya, yana amsa taron Manaja da ɗayan, ya tsoma kaftani shida cikin koko. Sadiyatu kuma ta sayar wa rabin layinsu sitaci da ƙosai. An ce ranar har azahar ba a ji gulma a layin ba, leɓɓan kowa sun manne.

Kaftanin suka bushe suka yi tauri kamar kwali, Baba Dodo ya goge su tas. Kwana biyu bayan haka wani ma'aikacin sakatariya ya tsaya a ƙofar shago, ƙudaje na yi masa rawani, wata akuya na biye da shi tana lasar gefen rigarsa.

"Manaja, mi kunka sa ma rigata? Tun sahe nika jin yunwa."

Junaidu ya shinshina. Citta ce da kanumfari, har da ɗan barkono. "Turare na. Muna sa ma manyan kwastomomi kyauta."

"Akuyag ga tun daga sakatariya taka bi na. Ta shiga ofis tare da ni. Oga ya tambaye ni ko sabuwar ma'aikaciya ta."

"Ka gani? Ko dabba ta san aiki mai kyau."

Amma duk wannan wasa ne a kan abin da ke faruwa a Gidan Igwai. Maƙwabtan Baba Dodo sun fara lura da shaddodi da gezna rataye a zaurensa, a goge, suna ƙyalli. Wani ya zo ya ce zai je gaida surukai, awa biyu kacal. Baba Dodo ya ce to. Wani ya ce za a ɗauke shi hoton katin aiki. Baba Dodo ya ce to. Kafin Juma'a biyu, layin Baba Dodo ya zama layin da ya fi kowane ado a Sakkwato. Mai gyaran babur na ɗaure ƙusa cikin gezna. Mai sayar da rake na fere rake da hannun riga mai aiki.

Wani ɗan kasuwa ya je masallacin Juma'a ya hango rigarsa a sahun da ke gabansa. Ya gane ta da ɗan ƙunan da ke bakin aljihu. Ko huɗuba bai ji ba. Da aka sallame ya bi mutumin ya dafa shi.

"Bawan Allah, rigag ga ta yi kyau. Ina ka samo ta?"

"Wurin Baba Dodo. Mutumin kirki na. In kana so in yi maka magana, kai ma shi ara maka, don na ga taka ta ji jiki."

Da ƙarar ta iso shago, Junaidu ya ce wannan shi ake kira gwajin inganci. Ba a miƙa wa kwastoma kaya sai an tabbatar suna sawuwa.

Wata Alhamis ya zaunar da ma'aikatan don jin ra'ayinsu, kamar yadda Muhsina ta ce ana yi a ofishinsu. Ƙasimu ya yi ƙiba, kumatu sun fito. Ya ce shi bai taɓa jin daɗin aiki irin na bana ba, ba hawan babur, ba rana, shinkafarsa ta fi ta kowa kyau, ko za a mayar da duk kwanakin su zama na gida. Baba Dodo ya ce shi ma alhamdu lillahi, yanzu ko'ina ya bi gaishe shi ake har ƙasa, jiya ma an aiko masa da dambun nama.

Mu'az kuwa ya rame, idanu sun faɗa. Ya riƙe hannun Junaidu da hannu biyu.

"Manaja, don girman Allah ka bar ni in dawo shago. Da in na hito gida an san na tahi aiki. Yanzu ni na ɗan raino, ni na ɗan aike, ni na mai kai niƙa. In na ce aiki nika yi, sai a ce wane aiki, ba ga ka nan zaune ba. Ko barcin rana da nika yi a bayan baho yanzu babu."

"Barci kaka yi a bayan baho?"

"Wancan ya wuce, Manaja. Maganar yanzu muka yi."

Junaidu ya rubuta a tafin hannunsa cewa biyu cikin uku sun gamsu, ya ce ko a Turai ba a samun haka.

Ranar Litinin ta gaba wata tsohuwar mota ta tsaya a ƙofar shago, Malam Abubakar Siddiƙ ya fito da kansa riƙe da ƙunshi. Malami ne ɗan gidan malamai na cikin gari, mutum mai magana a hankali wanda ba a taɓa jin ya ɗaga murya ba. Ya kwance ƙunshin a kan tebur. Babbar riga ce fara, saƙar hannu, aikin aska ya cika ƙirjinta har kafaɗa.

"Junaidu, wagga ta mahaihina ta, Allah shi jiƙan shi. Da ita ya ɗaura mani aure, da ita na ɗaura ma ɗiyana biyu. Ran Assabar da sha ɗaya za a ɗaura na ɗiyata Halimatussa'adiyya. Na ji ana maganganu a kan shagonka. Ina so a wanke ta nan, a goge ta nan, kada ta hita ƙohwag ga."

Junaidu ya dafa ƙirji. "Allah shi gafarta Malam, ko ƙuda ba shi sauka kanta sai da izinina. Da tara na sahe ni da kaina zan kawo ta."

Ya ɗauki hoton Malam da rigar. Motar na juya kwana ya tura rigar cikin buhun Wamakko.

"Junaidu," in ji Auwalu, "ka ji abin da mutumin nan yac ce."

"Na ji. In rigar Malam ta bi tsarina ta dawo lahiya, bakin kowa ya mutu. Ran Assabar a gaban manyan gari zan hwaɗi yadda anka yi."

Ranar Laraba ya so ɗaukar bidiyon talla, shi a tsaye a gaban shago yana bayani, wayar ta ce ta cika. Ya goge hotuna duka, ya ɗauki bidiyonsa sau bakwai har ya samu wanda hularsa ta zauna daidai.

Asabar da ƙarfe takwas ya tuna da riga. Ya kira Ƙasimu, Ƙasimu ya ce tun Laraba ya sa ta a keke. Ya kira Mu'az, Mu'az ya ce farare da yawa sun wuce ta hannunsa, a turo masa hotonta ya gani. Junaidu ya buɗe wayarsa, ba kowa a ciki sai shi, sau bakwai. Ya tari keke sai Gidan Igwai.

Ya tarar da Baba Dodo yana shan fura. "Baba Dodo, babbar riga hwara mai aska."

"Awo, na goge ta jiya. Riga ta kirki. Ta hita."

"Ta hita ina?"

"Biki. Da azahar za ta dawo."

"Wa ya ɗauka?"

Baba Dodo ya yi tunani. "Mutum huɗu sunka zo bayan asuba, yau Assabar, ka san bukukuwa. Ban duba huska ba, kada su ji kunya."

Junaidu ya zagaya zauren sau biyu. A kan tabarma ya ga wani farin yadi mai nauyi, a ninke, a goge, har da ado a gefe. Ya ce a ransa farin kaya duk ɗaya ne, dattijo kuma yana cikin hidima, ba zai tsaya bincike ba. Ya naɗe shi a takarda ya fita. Keken ya mutu a hanya, aka tura, ya sake mutuwa. Sha ɗaya da kwata ya isa.

Ƙofar gidan Malam ta cika. An kafa rumfuna, an shimfiɗa darduma, malamai da 'yan kasuwa da ma'aikata sun zazzauna, har da Auwalu mai aski a gefe, don shi ya yi wa ango aski. Daga can tsakiyar taron muryar sanƙira mai shelar biki na tashi ta lasifika. Junaidu ya bi ta gefe ya shiga zaure, inda Malam ke zaune cikin kaftanin gida tare da yayansa, wani tsoho mai sanda.

"Allah shi gafarta Malam, cunkoson hanya na. Ga ta, ta sha gyara irin na zamani."

Malam ya buɗe takardar, ya warware yadin. Ya ci gaba da warwaruwa har ya kai bakin ƙofa. A gefe ɗaya zobba ne na ƙarfe jere. Malam ya juya shi, ya sake juyawa.

"Junaidu, ina wuyan?"

"Sitacin ne ya kama shi, Malam. In anka sa ta za ya buɗe."

"Wanga labule na," in ji tsohon mai sanda.

Aka leƙo aka ce liman na jira, waliyyin ango na jira. Malam ya ninke labulen a hankali, ya ajiye, ya fita da kaftaninsa na gida. Junaidu ya bi bayansa don babu wata ƙofar.

Suna fitowa sanƙiran, wani dogo da ake kira Abdulrazak, ya juyo ya buɗe hannuwa kamar shaho, ya saki murya.

"Ga Malam ɗan Malam jikan Malam. Ɗan mai hwarar riga wadda babu irinta a Sakkwato. Rigar da in ta hito rana ka jin kunya."

Yana faɗa yana kaɗa hannun rigar da ke jikinsa. Ta ɗan yi launin gulbin Wamakko, amma aikin askar na nan, daga ƙirji har kafaɗa. Tsofaffin da ke sahun gaba suka fara kallon juna. Tsohon mai sanda ya matsa kusa, ya kama gefen rigar ya kai ta kusa da idonsa.

"Kai, yaro. Wagga ba rigar Baba ba ta?"

Abdulrazak bai sauke makirufo daga bakinsa ba, don sanƙira ba ya magana a ɓoye. "Awo, ta Baba ta. Baba Dodo na Gidan Igwai. Can kowa ka aro, kayan wani shagon wanki na na Runjin Sambo. Ga ma Alhaji can da shuɗiyar gezna, tare munka ɗauko da sahe."

Mai shuɗiyar gezna ya sunkuyar da kai yana neman takalminsa. Wani daga bayansa ya miƙe ya ce geznar tasa ce, mako uku ana gaya masa tana kan hanya. Wani ya gane hularsa a kan dangin ango. Hedimastan nan ya hango kaftaninsa na biyu yana rabon goro. Kafin ka ce kwabo rabin rumfar na riƙe da hannun rigar ɗaya rabin, ana ta ja ana rantsuwa.

Junaidu ya ga in bai yi magana ba an gama da shi. Ya karɓe makirufo. "Jama'a, a kwantar da hankali. Abin da kuka gani ƙananan matsaloli na na sabon tsari. Ko a manyan ƙasashe, in anka fara haibiri..."

"Ga birin nan, ku kama," in ji Auwalu.

Dariya ta tashi har cikin gida wurin mata. Malam ya ɗaga hannu, wuri ya yi shiru. Yayansa na cewa a tuɓe rigar yanzu, Abdulrazak na rantsuwa cewa daga shi sai singileti mai huji a ciki.

"A bar shi," in ji Malam. "Riga dai ta halarci auren Halimatussa'adiyya, ko ba a wuyana ba. Kowa shi saki kowa. Liman, bismilla."

Aka ɗaura aure, aka shafa fatiha. Abdulrazak ya sanar da ɗauruwar aure cikin rigar mahaifin Malam, a hankali, yana tattare hannuwanta kada su taɓa ƙasa. Junaidu ya fara ja da baya yana neman bayan rumfa, sandar tsohon ta tare shi.

Malam ya dube shi. "Junaidu, an gaya mani kai kac ce aiki daga gida ya hi albarka."

"Haka binciken masana ya nuna, Allah shi gafarta Malam."

"To ga gida. Ga hwamho, ga inuwa. Rigar mahaihina, da kayan duk wanda ya ga nashi a jikin wani yau, nan za ka wanke su da hannunka, ka goge, ka miƙa ma kowa nashi ina kallo."

Kafin la'asar kaya sun taru a ƙofar zauren sun kai ƙugu, don labari ya zagaya gari, har waɗanda ba a gayyata ba sun zo da ƙorafinsu. Junaidu ya kira Ƙasimu ya zo da gaggawa. Ƙasimu ya ce ai dama yana son ya kira, ya yanke shawarar ya tsaya ga noma, ya gode da tsarin da ya buɗe masa ido. Baba Dodo ya kwaso sauran kayan da ke zaurensa ya kawo, yana mamakin yadda tun da rana babu wanda ya gaishe shi a layinsu. Mu'az ne kaɗai ya iso da gudu, fuska cike da fara'a, ya tambaya ko aikin zai kai mako guda, ko za a iya ja ya kai biyu.

Kwana uku Junaidu na duƙe a kan baho a ƙofar gidan Malam, wando a naɗe har gwiwa, kumfa har gwiwar hannu. Masu zuwa ɗaukar karatu su gaishe shi, masu wucewa su rage tafiya. Malam na zaune a zaure da littafinsa, lokaci lokaci ya ɗago ya ce a ƙara ɗauraye wancan.

Rana ta uku Auwalu ya rufe shago ya hau babur musamman ya zo kallo. Ya tsaya ya kashe inji, ya gyara zama a kan babur.

Junaidu ya ɗago, ya share kumfa daga gemunsa. "Ka zo a kan gaɓa. Reshe munka buɗe a cikin gari."

"Madalla. Manajan reshen wane na?"

"Ni na."

"Mai wankin hwa?"

Junaidu ya matse wandon da ke hannunsa, ya yarfa shi, ya miƙa wa Mu'az.

"Shina aiki daga gida."